Minti 15 A Gaban Bangon Leonardo: Sharhi Kan Ziyara Tare Da Jagora A Milan

Saura makonni uku in tashi zuwa Italiya na shiga shafin gidan tarihin da ke kula da zanen Jibin Ƙarshe na Leonardo da Vinci, wato hoton cin abincin ƙarshe na Yesu da almajiransa, domin in sayi tikiti, sai na tarar babu gurbi ko ɗaya a cikin kwanakin da zan yi a Milan. Kuɗin shiga a lokacin Yuro 15 ne, amma ana sakin tikitocin ne kashi-kashi na watanni, kuma cikin ɗan lokaci ake wawashe su, saboda ba a barin mutanen da suka haura arba'in su shiga ɗakin a lokaci guda, kowane rukuni kuma minti 15 kacal ake ba shi. Wannan ƙarancin shi ya haifar da kasuwar kamfanonin yawon buɗe ido, waɗanda ke kama gurabe tun da wuri, su haɗa da jagora mai lasisi, su sayar wa irinmu da muka makara. Ta hannun ɗaya daga cikinsu na saya mana gurbi biyu, ni da yayana da ya daɗe yana zaune a arewacin Italiya bai taɓa leƙa wurin ba, a kan kuɗin da ya ninka na asali fiye da sau uku.

Tallar kamfanin ta yi alkawarin cewa ba za mu bi layi ba, kuma wannan magana ce da ya kamata mai saye ya san nauyinta tun kafin ya biya. A wurin babu wani layi da ake tsallakewa, domin kowane mai tikiti, ko na kamfani ko na kansa, yana da lokacinsa a rubuce, kuma a lokacin nan ake buɗe masa ƙofa. Abin da kamfanin ya sayar mana a haƙiƙa gurbi ne da jagora, don haka a kan waɗannan biyu na auna shi.

Zanen yana cikin tsohon ɗakin cin abinci na 'yan zuhudun ɗarikar Dominikan, a gefen majami'ar Santa Maria delle Grazie da ke kan titin Corso Magenta. Mun sauka daga jirgin ƙarƙashin ƙasa a tashar Cadorna, muka taka da ƙafa na kimanin minti goma. A filin gaban majami'ar muka sha 'yar wahala, domin saƙon kamfanin ya ce kawai a haɗu a bakin coci, alhali jagorori biyar ko shida ne tsaye a wurin, kowa da tutarsa ko allonsa, kuma tamu ba ta riƙe da wata alama sai takardar sunaye. Da muka same ta, sai ga wata sabuwa: kamfanin ya ɓata rubutun sunan yayana, tikitin kuwa da suna ake yanka shi, ana kuma gwada shi da fasfo ko katin shaida. Ita jagorar ce ta shiga ofishin tikiti ta daidaita lamarin ba tare da ta ɗaga hankalin kowa ba, abin da ya sa tun a nan na fara raba hukuncina biyu, na kamfani daban, nata daban. An karɓi manyan jakunkuna da ruwan sha aka ajiye, aka raba mana na'urar saƙalawa a kunne, wadda tawa ta riƙa ƙara lokaci-lokaci har ƙarshen ziyarar.

Rabin sa'ar da muka yi a waje kafin lokacinmu ya cika ita ce mafi amfani a cikin duk abin da na biya. Jagorar, wata 'yar Milan mai matsakaicin shekaru da ke magana da Ingilishi a tsanake, ta tsayar da mu inda za mu ga ginin gaba ɗaya, ta nuna mana bambancin tsohon ɓangaren jan bulo da Guiniforte Solari ya gina da kuma babbar ƙubbar da aka ƙara daga 1492, wadda ake dangantawa da Donato Bramante. Ta bayyana cewa mai mulkin Milan na lokacin, Ludovico Sforza, ya so mayar da wannan coci maƙabartar gidansu, kuma a nan aka binne matarsa Beatrice d'Este da ta rasu a 1497 tana da ƙuruciya. Shi ne ya sa Leonardo, wanda ya zo Milan daga Florence wajen 1482, ya yi zanen a bangon arewa na ɗakin cin abincin, aikin da ya ci daga wajen 1495 zuwa 1498.

Abin da ta fi daɗewa a kansa, kuma ta yi daidai, shi ne dalilin da ya sa zanen ya lalace. Masu zanen bango na Italiya suna da tsohuwar hanya da suke kira fresko, wato a shafa ɗanyen yaɓen farar ƙasa daidai faɗin da za a iya gamawa a yini, a zana a kai tun bai bushe ba, ta yadda launin zai shige cikin yaɓen ya zama jikin bango. Hanyar tana da ƙarko, amma tana buƙatar sauri, kuma abin da hannu ya riga ya sa ba ya gyaruwa sai an kankare. Leonardo kuwa mutum ne mai jinkiri da yawan komawa kan aiki. Matteo Bandello, wanda yana yaro ya zauna a gidan 'yan zuhudun, ya rubuta cewa wata rana Leonardo yakan hau dandamalin katako tun fitowar rana har faɗuwarta bai ajiye buroshi ba, ko abinci bai tuna da shi ba, wani lokaci kuma ya yi kwanaki yana zuwa yana tsayawa yana kallo kawai, ko ya zo da tsakar rana ya ɗiga launi sau ɗaya ko biyu ya juya. Mai irin wannan hali ba zai iya da ɗanyen yaɓe ba, sai ya zaɓi ya yi wa busasshen bango shimfiɗa, ya zana a kai da launin da aka kwaɓa da ƙwai da mai, kamar yadda ake yi a kan allon katako. Duk wanda ya taɓa shafa fenti a bangon da ke tsotsar danshi ya san abin da kan biyo baya idan damina ta zaga. Tun a 1517, Leonardo yana raye, wani baƙo ya rubuta cewa aikin ya fara lalacewa, kuma ba a cika shekaru saba'in da gamawa ba Giorgio Vasari, marubucin tarihin masu zane, ya gan shi ya ce ba a ganin komai sai dabbare-dabbare.

Daga nan ta jero abubuwan da suka faɗa wa bangon, cikin sauri amma ba tare da ruɗa mu ba. A 1652 'yan zuhudun sun faɗaɗa ƙofar da ke ƙarƙashin zanen, suka yanke ƙafafun Yesu da wani ɓangare na teburin. A 1726 da 1770 masu gyara sun shafe wurare da dama da nasu fentin. A 1796 sojojin Faransa na Napoleon sun mayar da ɗakin bargar dawaki da rumbu. A 1821 wani ya yi ƙoƙarin ɓamɓare zanen daga bango, ya ƙara masa rauni kafin ya haƙura. A watan Agustan 1943, lokacin Yaƙin Duniya na Biyu, bom ɗin jiragen ƙawance ya rushe rufin ɗakin da bango ɗaya na gefe, kuma buhunan yashi da katakon da aka kare bangon da su ne suka tsirar da shi. Ta nuna mana hoton wannan ɓaraguzai a wayarta, bangon yana tsaye shi kaɗai a fili, sai na ji yayana ya ce, “Ikon Allah.” Gyara na ƙarshe, wanda Pinin Brambilla Barcilon ta jagoranta, ya ɗauki shekaru 21, daga 1978 zuwa 1999, ana cire dauɗa da fentin masu gyaran baya ƙwaya-ƙwaya a ƙarƙashin madubin ƙara girma, inda asalin ya ɓace gaba ɗaya kuma aka cike da launin ruwa mai laushi wanda ba ya kwaikwayon hannun Leonardo. A tsakiyar wannan aiki, a 1980, hukumar UNESCO ta sa cocin da ɗakin cikin wuraren tarihi na duniya.

Wannan bayani ya sa ƙofofin gilashin da muka bi ba su ba mu haushi ba. Ana shiga wani ɗan zaure, ƙofar baya ta rufe, a jira, sannan ta gaba ta buɗe, haka har sau biyu ko uku, domin a tace iska, a rage ƙura da danshin da jikin mutane ke shigowa da su. Wanda bai san tarihin bangon ba zai ɗauka tsabar tsanani ne.

Da ƙofar ƙarshe ta buɗe, ɗakin dogo ne, mai duhu-duhu da sanyi, babu komai a ciki sai 'yan kujerun zama, zanen kuma yana hannun dama. Faɗinsa mita 8.8 ne, tsayinsa mita 4.6, yana farawa sama da kan mutum, mutanen cikinsa sun fi girman ɗan Adam. Abin da ya fara zo mini shi ne yadda ya dushe. Hotunan da aka saba gani a kalanda da littattafai sun fi shi kaifin launi nesa ba kusa ba, kuma idan ka matsa kusa da shingen za ka ga fatar bangon ta tsattsage kamar ƙasar fadama da rani. Sai da na ja da baya zuwa tsakiyar ɗakin, bisa shawarar jagorar, sannan abin ya haɗu. Layukan rufin da na bangayen da aka zana suna tafiya su haɗu a wuri ɗaya, a gefen goshin Yesu na dama, inda aka gano ramin ƙusar da Leonardo ya kafa ya ɗaura zare yana auna layukansa, kuma hasken da ke cikin zanen yana zuwa ne daga hagu, ɓangaren da tagogin ɗakin na gaske suke. Sakamakon haka sai ka ga kamar ɗakin bai ƙare a bango ba, ya ci gaba zuwa wani ɗaki mai tagogi uku da ke kallon tsaunuka. 'Yan zuhudun da ke cin abinci a nan shiru, sun riƙa ganin kamar da su ake zaune a tebur.

Ya kamata in faɗa wa mai karatu Musulmi, kamar yadda na faɗa wa kaina kafin in shiga, cewa zanen yana bin labarin ne yadda yake a littattafan Kirista, kuma siffanta annabawa abu ne da ba mu yi, don haka wanda zuciyarsa ba ta natsu da kallon ba, babu laifi ya tsaya a ganin ginin. Ni gwanintar hannu da ta tunani na je gani. Lokacin da Leonardo ya zaɓa shi ne daidai sa'ad da Yesu ya gaya wa almajiransa goma sha biyu cewa ɗayansu zai bashe shi, kuma duk abin da ke kan bangon amsar wannan magana ce. Ya raba almajiran rukuni huɗu, uku-uku, maganar tana ratsa su kamar an jefa dutse a tafki, shi mai maganar yana tsakiya shiru, hannuwa a shimfiɗe. A ƙarshen hagu Bartalamawas ya miƙe ya dafa tebur, Andarawas ya ɗaga tafukansa biyu kamar mai cewa ba ruwana. Bitrus ya sunkuyo da wuƙa a hannu yana raɗa wa Yahaya ya tambayi ko wane ne. A ɗaya gefen Toma ya ɗaga yatsa, Yakubu ya buɗe hannuwa ya ja baya, Filibus ya dafe ƙirji yana neman a wanke shi, su Matiyu kuma sun juya suna gardama da Saminu a bakin tebur.

A kan Yahuza, almajirin da ya ci amanar, ne jagorar ta nuna ta san aikinta. Masu zanen Florence da suka gabaci Leonardo, irin su Andrea del Castagno da Domenico Ghirlandaio, sukan ware maci amanar su zaunar da shi shi kaɗai a wannan gefen tebur, yadda ko yaro zai gane shi. Leonardo ya bar shi a cikin 'yan uwansa, kafaɗa da kafaɗa da Bitrus da Yahaya, bai kuma sa wa kowa da'irar haske a ka ba, wadda da ita ake bambanta tsarkaka. Sai ka lura da kyau za ka ga shi kaɗai ne fuskarsa ke cikin inuwa, kansa ya fi na kowa yin ƙasa, ya ja jiki baya, hannunsa na dama ya damƙe jakar kuɗi, na hagu yana miƙawa wajen abincin da hannun Yesu ma ke nufa. Da ni kaɗai na shiga, da na gane mai jakar, amma da ban ga waɗannan hannuwa biyu da ke kusantar juna ba, kuma su ne abin da ya fi zauna mini a rai.

Inda na saɓa da ita shi ne yadda ta cinye mintunan duka da magana. Minti 15 ba su da yawa, kuma zane irin wannan, wanda rabinsa ya koma inuwa, yana buƙatar ido ya saba da shi a hankali. Tun daga shigarmu har mai gadi ya yi alamar fita muryarta tana cikin kunnena, daga wannan almajiri zuwa wancan, har da labarin da Vasari ya kawo na shugaban gidan da ya dami Leonardo da ƙorafin jinkiri, shi kuma ya ce idan ya rasa fuskar da zai ba Yahuza zai ɗauki tasa. Labari ne mai daɗi, amma a filin waje ya dace a ba da shi. Sannan wani daga cikin rukuninmu ya kawo tambayar da wani littafin ƙagaggen labari ya yaɗa, cewa wai wanda ke kusa da Yesu mace ce. Ta amsa da kyau, cewa al'adar masu zanen lokacin ce su nuna Yahaya a matsayin saurayi marar gemu mai dogon gashi, kuma idan aka cire shi almajiran ba za su cika goma sha biyu ba, amma minti biyu sun tafi a nan. A ƙarshe na cire na'urar daga kunnena na zauna na yi kallo na minti uku ko huɗu, kuma a cikinsu ne na ga ninkin mayafin teburin, da kofunan gilashi da ake hango abin da ke bayansu, da shuɗin zaren da ke bakin mayafin.

Ta yi abu ɗaya da nake gode mata. Saura kaɗan mu fita ta ce kowa ya juya baya. A bangon kudu akwai babban zanen gicciye na Giovanni Donato da Montorfano, wanda aka gama a 1495, kuma yawancin masu ziyara ba sa ko waiwayarsa. Shi an yi shi ne a kan ɗanyen yaɓe, kuma duk da cewa ɗaki ɗaya suke, danshi ɗaya da bom ɗaya suka sha, launinsa yana nan da ƙarfinsa. A ƙasan wannan zane, dama da hagu, an ƙara hotunan Ludovico da matarsa da 'ya'yansu a kan busasshen bango, aikin da ake dangantawa da Leonardo, kuma sun kusa ɓacewa ƙaf, sai alamar siffarsu. Duk bayanin da ta yi a waje game da hanyoyin biyu, ga shi a bango ɗaya ido yana gani. Montorfano bai kai Leonardo ba ko kusa, zanensa cike yake da cunkoson mutane da dawaki da tutoci, ido ba ya samun wurin sauka, amma shi ne aikinsa ya tsaya.

An yarda a ɗauki hoto muddin ba a kunna walƙiyar kyamara ba, sai dai ban ga amfanin hakan ba, domin hoton waya a wannan haske ba ya fitowa da kyau, kuma na ga mutanen da suka kashe rabin lokacinsu suna kallon bangon ta cikin waya. Wanda ke son ganin abin da ya ɓace, har da ƙafafun da ƙofa ta cinye, ya nemi hoton kwafin da almajirin Leonardo, Giampietrino, ya yi, wanda ke hannun Royal Academy ta Landan. Da na san da shi kafin in je, da na fi gane abin da nake kallo.

Ana fita ta wata ƙofa daban, a bi ta kantin littattafai, kuma a nan jagorar ta karɓi na'urorinta ta sallame mu, domin wani rukuni na jiranta. Shiga cocin kansa kyauta ne, amma tsarin kamfanin bai haɗa da rakiya a ciki ba, ko da yake hotunan tallarsu sun nuna ƙubbar daga ciki. Mu biyu muka shiga da kanmu, muka ga ƙubbar, muka fita ta ƙaramin tsakar gidan da ake kira na kwaɗi saboda gumakan kwaɗi huɗu da ke bakin maɓulɓular ruwansa. A nan muka zauna, na ce, “Yaya, kuɗin nan sun halatta kuwa?” Ya ce, “Ƙanena, matar ta ci guminta, amma waɗanda suka turo ta sun ci banza.”

Hukuncina bai yi nisa da nasa ba. Wanda ya san ranar tafiyarsa da watanni, ya sayi tikiti kai tsaye daga shafin gidan tarihin, ya karanta tarihin bangon a gida, ya haddace inda kowane almajiri yake, zai sami fiye da abin da na samu da kashi ɗaya cikin uku na kuɗin. Wanda ya makara kamar ni, ko wanda bai saba da labarin da zanen ke bayarwa ba, jagora zai amfane shi ƙwarai, amma kafin ya biya ya tambayi kamfanin mutum nawa ne a rukuni, ko tikitin shiga yana cikin kuɗin, domin akwai masu sayar da zagayen waje kawai, da kuma ko za a shiga cocin. Ya aika sunansa daidai da yadda yake a fasfo, ya sake dubawa idan sun maido masa, ya isa da rabin sa'a kafin lokaci, domin wanda ya makara ba a buɗe masa ƙofa, ya kuma tuna cewa ranar Litinin a rufe wurin yake. Idan an shiga, ya saurari jagora na minti goma, sannan ya cire na'urar ya koma tsakiyar ɗakin. Yayana, wanda tafiyar sa'a ɗaya ce a jirgin ƙasa tsakaninsa da Milan, ya ce zai koma da tikitin Yuro 15 da sanyin safiya, a rukunin farko na ƙarfe takwas da kwata, ba tare da kowa a kunnensa ba.